Goron Kaka a Teburin Masta

Ranar wata Litinin ce cikin damina, shekarar da na shiga ajin farko na ƙaramar sakandare a Salaga ta ƙasar Gana, Masta Yakubu ya shigo aji da kwamfutarsa a hammata. Ya ajiye ta a tebur, ya soka mata ɗan abin kamo intanet, ya ce yau za mu ga ƙamus wanda ba shi da bango, ba a sayen sa, kuma babu kalmar da ta fi ƙarfinsa. Tun ranar Juma'a ya ce mu 'yan zango, wato unguwar Hausawa, kowa ya rubuto kalmomin Hausa huɗu. Yara suka kawo ruwa, gida, doya, kasuwa. Yana bugawa, Turancinsu yana fitowa, aji yana tafi. Da aka zo kaina na miƙe na karanta nawa a jere: marsa, minu, daushe, farsa. Ya buga ta farko, shiru. Ya buga ta biyu, shiru. Har ta huɗu allon kwamfutar bai ce komai ba.

Ba daga sama na ɗauko kalmomin nan ba. Gidanmu gidan goro ne tun kakanni, ko da yake a lokacin cinikin ya ja baya, babana ya koma lodin doya zuwa kudu. Kakata, wadda kowa ke kira Mma Asabe, ita kaɗai ta riƙe sana'ar, kuma aikina na safe a hannunta yake. Na farko, in jawo ruwa a rijiyar bayan gida. Na biyu, in buɗe kwandunan goro in cire ganyen da ya bushe, in shimfiɗa ɗanye. Na uku, in yayyafa ruwa da yatsu, ba da moɗa ba. Na huɗu, mu zauna a tabarma mu ware. Manyan ƙwayoyi su ne marsa, na kai wa surukai da ranar suna. Ƙanana su ne minu, na masu ƙaramin ƙarfi. Wanda ya kwana shekara a ajiye ya yi daɗi, daushe ke nan. Wanda ya rabe biyu kuwa farsa ne. Sai an gama wannan za a ba ni koko da ƙosai, in ruga makaranta, abokaina sun riga ni buga ƙwallon tsumma a fili. Idan na jefa minu cikin marsa sai ta make mini hannu ta ce, "Maigida, ido gare ka ko ado?"

Masta Yakubu mutumin Bawku ne, yana jin Hausa sosai, amma bai tashi gidan goro ba. Ya dube ni ya ce abin da babu shi a ƙamus ba kalma ba ce, na ƙi yin aiki ne na zauna na ƙirƙiro. Ya rubuta sunana a allo, ya ba ni adda in share ciyawar bayan aji, ya ce ranar Juma'a in fito gaban makaranta a taron safe in faɗa da bakina cewa ƙarya na yi. Ciyawar na share ta tas, don aiki ba ya ba ni tsoro. Amma na ce masa maganar ƙarya ba zan faɗe ta ba, ko za a kore ni. Kwana uku yara suna bi na suna kiran "Minu! Minu!" Ban kai ƙara gida ba. Ranar Alhamis Kaka ta ga tafin hannuna ya yi kanta, ta tsare ni sai da na faɗa mata komai. Ta ce kawai, "To. Gobe tare za mu fita."

Da safe ta ɗaura mayafinta na zuwa biki, ta ɗauki faifai da ƙullin ganye. Muna isa an jeru a fili, Masta ya fito da teburinsa da kwamfutar a kai don kowa ya shaida. Ya gan ta ya rusuna, "Mma, sannu da zuwa." Ta amsa, ta matsar da kwamfutar gefe da bayan hannu, ta jera goro kashi huɗu a kan faifai. Ta nuna kowane kashi ta sa ni in faɗi sunansa da ƙarfi, na faɗa. Sannan ta ɗauki daushe ɗaya ta miƙa masa. "Ɗana, tauna. In ƙarya ce, ba za ka ji komai a bakinka ba." Fili ya ɗauki dariya, har shugaban makaranta ya juya baya yana tari. Masta ya tauna. Ta ce, "Akwatin nan naka, ya taɓa zuwa kasuwar goro ta Salaga?" Ya ce a'a. Ta ce, "To ka gaya masa ya zo ya koya." A ranar ya goge sunana daga allo da hannunsa, kuma in faɗi gaskiya, ya sa aji duka suka kwafi kalmomin huɗu a littafi.

Yanzu ina da rumfar hatsi a kasuwa, ga waya a aljihuna, ƙamusoshi na kyauta sun yi yawa, kuma ina amfani da su kullum, ba na raina su. Akwai wanda kowa zai iya ƙara kalma a ciki. Na shigar da huɗun nan bi da bi, yadda muke ware su. Wani da ban sani ba ya cire minu, ya rubuta cewa babu hujja. Na mayar. Ya sake cirewa. Na sayo goro, na jera a tsohon faifan Kaka, na ɗauki hoto na sa, na mayar a karo na uku. In ya cire gobe, jibi zai tarar da ita.

Allah ya yi wa Kaka rasuwa. Kwandunan suna nan a ɗakinta babu kowa a kansu, ganyen ƙarshe ya daɗe da zama gari. Babu wadda za ta ɗaura mayafi ta bi ni. Yanzu ni ne mai ɗaukar faifan.