Man Shanun da Inna Ke Shafa wa Masara

Shekarun baya, a damina ta ƙarshe da mahaifiyata ta yi a gidanmu na ƙauye kusa da Tsiga, na tafka wata wauta da har yau in na tuna sai in ji kunnuwana sun ɗauki zafi.

Ni ce 'yar fari a wurinta. Wanda ya tashi a irin gidajenmu ya san abin da wannan ke nufi. Kakanninmu masu shanu ne da suka zauna suka kama noma, Fulatancin ya tafi amma kunyar ta zauna daram. Inna ba ta kiran sunana, ba ta yi mani magana kai tsaye, ba ta haɗa ido da ni. Ana yaye ni aka kai ni wurin kakata a Ƙarfi. Can na yi firamare, daga can aka kai ni ɗakin miji a Funtua. Gida sai dai in zo ganin gida. In Inna tana so in ci abinci, sai ta dubi bango ta ce, "Ga tuwo can yana hucewa, ko babu masu ci ne?" In ba ni da lafiya, ƙanwata za ta tambaya, "Waccan ta sha maganin kuwa?" alhali ga ni zaune a gabanta.

Na san al'ada ce. Amma ni Allah ya yi ni da yawan saƙe-saƙe. Ni ce mai fita unguwa in dawo daga bakin titi don in duba ko na kashe wuta, in duba in ga a kashe take, in fita, in sake dawowa. Saboda haka wata rana in ce kunya ce, wata rana in zauna ina lalube ko wani laifi na yi mata tun ina ƙarama na manta.

Akwai wani abu da Inna ke yi in masara ta yi goyo ta nuna, tun tana ɗanya, lokacin da in ka danna ƙwaya da farce sai farin ruwa ya tsarto. Takan soya man shanu, ta sa mashi ganyen ɗoɗɗoya da ɓawon lemun tsami, a gasa masara a garwashi a shafa mata tana tururi. Ƙamshin yakan tsallake katanga. Ƙanwata ta iya, don a gindin murhun Inna ta girma. Ni ci kawai na iya.

A Funtua na gwada sau uku. Na farko ya yi ɗaci. Na biyu ganyen ya ƙone ya yi baƙi ƙirin. Na uku na matsa lemun a cikin mai yana kan wuta, ya fantsamo mani a hannu, tabon yana nan. Maigidana mutum ne mai kara, ya ci ya ce, "Masarar nan ta yi daɗi." Masarar fa ya ce. Na kira ƙanwata a waya na tambaye ta, ta ce, "Yaya, ai zubawa kawai ake yi." Na ce nawa ake zubawa? Ta ce, "Daidai."

Sai labari ya zo cewa ƙanina, wanda ya tafi da shanunmu wajen garin Lafiya saboda wurin kiwo ya ƙare a nan, ya yi gini can, kuma da an gama girbi zai zo ya ɗauki Inna. Mahaifinmu ya daɗe da rasuwa, babu mai cewa a'a. Na zauna na yi tunani. Masarar da ke gona yanzu ita ce ta ƙarshe da Inna za ta gasa a wannan tsakar gida, kuma ɗanyar masara ba ta jiran kowa, kwana kaɗan ta bushe. In ban koya yanzu ba, ƙanwata na da abin Inna a hannunta, ni ba ni da komai.

A mota tun daga Funtua nake maimaita abin da zan faɗa. Na gyara shi ya fi sau ashirin. Na isa da hantsi na tarar da ita a inuwar rumbu tana tsinkar zogale, tare da aminiyarta ta maƙwabta, wadda muke ce wa Goggo, da wasu mata biyu. Na gaida kowa. Maimakon in jira a watse, tsoron kada zuciyata ta karaya ya sa na durƙusa a gabanta, na ɗaga kai na dubi fuskarta, na ce, "Inna, ki koya mani man masarar nan kafin ki tafi."

Ta ajiye faifan a hankali, ta miƙe, ta shige ɗaki ta saki labule. Ɗaya daga cikin matan ta yi tarin da ba na mura ba.

Goggo ta ce, "Oh, 'yar birni. Funtua ta cinye maki kunyar ke nan, ko a mota kika baro ta?"

Suka yi dariya, ni kuwa da ƙasa za ta tsage da na shige. Wunin ranar ban iya cin komai ba. Na ɗaure kayana don in koma, na kwance, na sake ɗaurewa. Da la'asar na bi Goggo gidanta na ce mata ina so in nemi gafarar Inna, amma ta yaya ake neman gafarar wadda magana da ita ce laifin?

Ta ce, "Wato ki je ki sake yi mata magana, laifi ya zama biyu? Tashi ki je ki ci abinci, 'yar nan. Tunaninki ya fi ki nauyi."

Washegari da safe ina shara, sai na ji Inna ta ɗaga murya ta kan katanga.

"Ƙawa, zo in nuna maki yadda ake soya man masara. Na ga naki ba ya ƙamshi."

Daga can Goggo ta amsa, "Ni? Ni da nake kaɗa nono tun ba ki iya ɗaura zane ba?"

"Shi ya sa nake tausayinki. An tsufa ba a iya ba."

"Shekara nawa kina lashe yatsa a gidana, yau ne bai yi ƙamshi ba?"

Duk da haka sai ga ta da kujerarta a hannu. Ta dube ni ta ce idonta ba ya son hayaƙi, in zo in riƙe mata mafici. Ta zaunar da ni dab da murhu, ita ta koma gefe ta miƙe ƙafa. Ni da wautata har na fara jin haushi, wai ni na roƙa an ƙi, ga shi za a koya wa wadda ta iya. Sai da Inna ta fara magana a hankali, tana maimaita kowane abu sau biyu kamar mai karantar da yara, sannan na gane.

Ta juya mani rabin baya, fuskarta na wajen Goggo. Ta ce, "Ɗanyen man nan sai kin wanke shi da ruwan randa, ƙawa, ki yi ta sakewa har ruwan ya daina fari. In ba haka ba tsamin nono zai biyo shi."

"To, Malama."

"Lemun kuma koren bayan kawai ake kankarewa. In wuƙa ta taɓa farin, ɗaci ne."

Goggo ta ce, "Ashe. Shi ya sa na wasu mutanen Funtua ke ɗaci." Ta harare ni da gefen ido.

"Ganye ba a sa shi a kan wuta, kuma ba a yanka shi. Da hannu ake yagawa, bayan an sauke. Ruwan lemun shi ne na ƙarshe, sai man ya huce har yatsa ya iya shiga."

Na matsa kusa da Goggo na raɗa mata, ganye nawa? Ita kuwa ta ɗaga murya ta ce, "Wai ana tambaya, ganye nawa?"

Inna ta ce, "Ki ce wa mai tambaya ba awaki ba ne da za a ƙirga. Cikin tafin hannu, kada a danna."

Ta ɗora kasko a kan garwashi ta zuba man. Sai ta ce wuyan hannunta na ciwo yau, ta miƙa wa Goggo ludayi. Goggo ko dubansa ba ta yi ba ta miƙo mani.

Inna ta ce, "Zai yi kumfa ya yi ta surutu. In ya yi shiru, ƙasan ya fara ja, a sauke. Ba a jira."

Na riƙe ludayi ina motsawa, ina maimaita komai a zuciyata don kada in manta: wanki, kore ban da fari, ganye bayan an sauke, lemu a ƙarshe. Kumfa ya tashi ya kwanta. Surutun ya ragu. Na ce a raina, wannan shi ne shirun, ko akwai wani shirun a gaba? Jan da nake gani ja ne, ko launin kaskon ne? In na sauke bai yi ba fa? Goggo ta juya tana jujjuya masara a garwashin gefe. Na ce bari in ƙara ɗan jira in tabbatar. Ƙamshin ya fara sauyawa.

"Ke, sauke. Zai ƙone maki."

Na ɗaga kai. Inna ce, ni take kallo. Ban taɓa ganin idanunta sosai ba sai ranar. Ba baƙaƙe ba ne kamar yadda na ɗauka, ruwan ƙasa ne, kuma yanar ido ta fara rufe na hagun. Na kama kaskon da bakin zanena na sauke.

Inna ta ja gefen mayafi ta rufe baki, ta juya.

Goggo ta ce, "Da wa kike, ƙawa? Ni dai ludayi ba ya hannuna."

"Da kasko nake."

"To madalla. Kasko ya ji magana, ya sauke kansa."

Na yaga ganyen na zuba. Na sa koren ɓawon da gishiri da ɗan barkono, na jira ya huce na matsa lemu. Goggo ta naɗe ɓawon masara ta tsoma a ciki ta shafe mana guda uku. Muka ci, man na gangarowa har gwiwar hannu. Inna ta cinye tata tas tana fuskantar rumbu, ta jefa wa awaki totuwar, ta ce, "Ƙawa, gishirinki ya yi daidai yau."

Goggo ta ce, "Na gode. Haka nake, ba na kuskure."

Bayan girbi ƙanina ya zo ya tafi da ita. Ta yi 'yan shekaru can. In na kira waya aka miƙa mata, sai in ji numfashinta kaɗan, sannan ta ce wa matar ƙanina, "Ku tambaye ta yara." Can Allah ya karɓi abinsa. Saboda nisa, ko da na isa an riga an kai ta. Allah ya jiƙanta, ya jiƙan Goggo, ita ma ba ta daɗe ba ta bi ta.

Na daina lalube ko wani laifi na yi mata. Matar da ta tashi aminiyarta da sassafe, ta tsokane ta da gangan, ta ƙirƙiro ciwon hannu, duk don kada in koma Funtua hannu sake, ba fushi take da ni ba. Sai dai na so a ce na gane haka tun da wuri, da na riƙa sauraron abin da take gaya wa bango da kunnen da ya dace. Magana da yawa ta wuce ni ina jiran a kira sunana.

Yanzu na iya man. Maigidana ya daina yabon masara shi kaɗai, maƙwabta har aiko yara suke da kwano. Na san shirun, na san jan, ko ido a rufe hancina zai gaya mani. Amma duk shekara in sabuwar masara ta shigo kasuwa na ɗora kasko, in kumfa ya kwanta lokacin saukewa ya yi, sai in ga hannuna ya tsaya. Nakan bar shi a kan wuta kaɗan, kamar numfashi biyu, ina jiran a ce mani in sauke.