Hamidu, Mutumin Bayan Zana

Da an sallame sallar asuba a Gwandu, maƙwabtan Malam Hamidu sun san abin da zai biyo baya: hayaƙi. Ba girki ba ne. Sabuwar tabarma ce ya rataye bisa murhu don ta yi kamar ta ga jiya ta ga yau, ko kuwa farar riga ya tsoma a ruwan shayi. Ikon Allah, mutum ya sayi sabo ya tsufar da shi da gangan! To, sana'arsa ke nan. Shi ke gina ɗakin da kuke gani a fim, shi ke shirya dandalin shirin talabijin, tun daga bango har moɗar da ke bakin randa.

Abin da hayaƙi ya kasa kuwa, aronsa yake zuwa. Shekarar da za a watsa taron makiyaya kai tsaye daga Kalgo, ya kafe sai ƙoran Inna Kubura ta Malisa, waɗanda ta gada wurin mahaifiyarta. Ƙwaryar gado ba ta barin ɗaki, waɗannan kuwa ko 'yar cikin Inna ba ta taɓa su. Ya yi ta zarya har tsohuwa ta gaji.

"Hamidu, in guda ta tsage, mi za ka ce mini?"

"Inna, sai dai ni in tsage."

Ya jera su jikin zana, bayan kujerar Surayya mai gabatar da shirin. Ana tsaka da magana hadari ya taso, iska ta tumɓuke dirkar da ke riƙe da zanar. Shirin kai tsaye kuwa ba a cewa a sake. Masu ɗaukar hoto shaida ne: Hamidu ya rarrafa ta baya, ya tokare zanar da kafaɗa, ya durƙusa nan iska na jibgarsa har Surayya ta yi wa masu kallo sallama. Kafaɗa ta goce. Ƙwarya ko guda ba ta faɗi ba.

Kai ne wannan, Hamidu, dirka mai alkawari. Tun ranar hannunka na dama bai ƙara ɗaguwa daidai ba, shi ya sa bana ka ajiye guduma, kuma wallahi abin ya taɓa mu.

Da ya mayar da kayan Malisa, Inna ta ƙwanƙwasa kowace da yatsa tana saurare, sannan ta dube shi.

"Na ga ƙoraina cikin talabijin, amma kai ban gan ka ba. Ina ka shige?"

"Inna, ran da aka gan ni, aiki ya ɓaci."

Mun gode, Malam, Allah ya saka da alheri, ya ba kafaɗa lafiya. Ku kuma matasan da kowa ke rububin gaban kyamara, ku riƙa leƙa bayan zana ku koyi riƙon amana. Yau dai mun gan ka, Hamidu, kuma aiki bai ɓaci ba.