Fararen duwatsun maigidana

Maigidana ya tafi haƙar kuza a Doguwa, ya dawo mana garinmu Ƙofa da buhun fararen duwatsu masu ƙyalli, waɗanda ko dillali bai taya ba. Wai shi ya gano hankalin ɗan Adam haske ne, kuma farin dutse kaɗai ke iya ajiye shi. Kullum da hantsi sai ya jera su a kan katanga su sha rana, da la'asar ya ɗora ɗaya a goshi, wai yana ƙara hankali.

Ni ce mai wanke su. Ruwan da na ja da ƙyar a rijiya, rabinsa a kansu yake ƙarewa.

"Malam, ciyawa fa ta cinye dawa," nakan ce.

"Ke matsa, kin tare musu rana."

Na gaji, na daina magana.

Da tsufa ya kama shi, hankalin ya fara gushewa. Wata safiya na kawo masa kunu, ya dube ni kamar baƙuwa, ya tambaye ni daga wane gida nake. Sannan ya ce, "Baiwar Allah, taimaka ki fitar min da duwatsuna, rana ta fito."

Na ajiye kunun, na fitar da su.