Godiyar da Jummai Ta Haɗiye

Duk wanda ya taɓa kai markaɗe wajen Jummai a unguwar Kwamba ta Suleja ya san ba a barin gaban injinta da sauri, kuma ba layi ne ke riƙe mutum ba, godiya ce. Kai ka kawo wakenka, ita ta sha ƙarar inji ta markaɗa maka, amma ita ce za ta bi ka da "na gode, Allah ya yi albarka" har ka sha kwana. In ta hau keke napep, bayan ta sallami direba sai ta tsaya yi masa addu'a har fasinjojin ciki su fara tsaki. Washegari in ta hango shi ta tsayar da shi, ba don ta hau ba, don ta yi masa ban gajiyar jiya.

Babban makaminta kuwa shi ne "ku taya ni godiya". Ka ara mata tsintsiya, kafin azahar rabin unguwa sun gaishe ka da ƙoƙari. Mijinta Nuhu yakan ce ko kunama ce ta harbi Jummai, sai ta gode mata da ba ta gayyato 'yan uwanta ba. Ita ko a jikinta. Cewa take yi yaba kyauta tukwici, kuma bakinta ba haya ta ɗauko shi ba.

Tana amarya suka zo Suleja daga ƙasar Kagoro. Nuhu direba ne a wata ma'aikata a Abuja, kuma kamar kowa, hayar Abuja ta fi ƙarfinsa, sai suka kama ɗaki biyu a gidan Malam Abdulsalami tela. A nan ta haɗu da matar gidan, Fatsuma, haifaffiyar garin, mai zafin baki da taushin zuciya. Da Jummai ta haifi 'yarta Comfort, babu uwa babu kaka a kusa, Fatsuma ce ta dafa ruwa ta yi mata wankan jego tana yi tana faɗa. Kamaluddeen ɗan Fatsuma kuwa a bayan Jummai ya yi wayo. Shekara ashirin da ɗoriya babu mai yi wa wata sallama a bakin ƙofa. Fatsuma ba ta taɓa bin layin markaɗe ba, tura robarta kawai take yi ƙarƙashin hannun Jummai. In Jummai ta ɗauko godiyar nan tata, sai ta katse ta: "Ke Maman Comfort, rufe mini baki, kina cika mini kunne."

Bara Nuhu ya kwanta ciwo, bai daɗe ba ya rasu. Jummai ta zama kamar an zare mata laka. Fatsuma ce ta ɗaura ɗamara. Ta buɗe ɗakinta ga dangin da suka zo daga ƙauye, ta tsaya a kan tukwane tun safe har yamma, ta riƙa zaunar da Jummai tana tura mata kunu a dole. Malam Abdulsalami ya rufe shago ya bi motar gawa har Kagoro.

Da hankali ya dawo, Jummai ta shiga zagayen ban gajiya. Ta je gidan fasto, ta je wajen mai rumfa da kujeru, har mai ruwan da ya kawo jarkoki ba ta bari ba. Da ta zo kan Fatsuma sai ta ga bakinta ita kaɗai ya yi kaɗan. Ranar Lahadi ta miƙe a taron zumuntar matan coci ta ce a taya ta godiya.

Suka kuwa taya ta. Da yamma sai ga mata cike da tsakar gida, da ankon zumunta, Mama Debora shugabarsu a gaba, ana buga tulu ana waƙa. Aka zaunar da Fatsuma a kujera, aka yi jawabi, aka ce irin wannan maƙwabciya sai an tona, aka miƙa mata atamfa a leda. Fatsuma ta kawo ruwa, ta ce ai yi wa kai ne, ta raka su har ƙofar gida. Jummai ta kwana da farin ciki, tana ganin ta fita kunya.

Da safe ta tayar da inji, sai ta ga robar Fatsuma a ƙarshen layi, mai ita na tsaye a bayan kwastomomi. Da aka zo kanta ta karɓi markaɗenta da hannu biyu.

"Na gode, Madam Jummai. Allah ya saka da alheri."

Jummai ta ɗauka tsokana ce, ta yi dariya. Amma abu ya ƙi ƙarewa. Fatsuma ta koma yin sallama a bakin ƙofa tana jiran a amsa. In an ba ta aron ludayi ta yi godiya, in ta dawo da shi ta sake yi. Ba ta ɗaga murya ba ko sau ɗaya, kuma wannan ne ya fi tsorata Jummai, don Fatsumar da ta sani ba ta wuni ba ta yi mata faɗa ba. Ta rasa miji, ga shi tana ji tana gani za ta rasa 'yar uwar da ta rage mata a garin nan.

Ran nan ta tare ta a wajen shanya. "Maman Kamal, don Allah me na yi miki?"

Fatsuma ta ci gaba da matse zani. "Ba ki yi komai ba. Kin gode wa mai rumfa, kin gode wa mai ruwa, ni ma kin gode mini. Kin ma fi girmama ni, tunda har da kiɗa." Ta yarfa zanin a igiya. "Da ƙanwarki ce ta ciki ɗaya ta yi miki girkin makoki, za ki tara mata jama'a da atamfa? Ni na ɗauka mutuwar tamu ce. Ashe ni maƙwabciya ce mai kirki."

Jummai ta koma ɗaki. Abin da ya fara zuwa mata, tunda hali zanen dutse ne, shi ne ta nemo Mama Debora ta taya ta ba da haƙuri. Har ta ɗauki waya, Allah ya taimake ta ta ajiye. Ta zauna a bakin gado tana kallon akwatin kayan Nuhu. Danginsa sun aiko tun tuni a kai musu tufafinsa a raba, ita kuwa duk lokacin da ta kai hannu kan murfin sai ta janye. Ko Comfort ba ta gaya wa ba.

Washegari ba ta tayar da inji ba. Ta nufi ɗakin Fatsuma, ta ɗaga labule ba sallama, ta same ta tana tsince shinkafa.

"Ajiye wannan ki taso. Akwatin Nuhu na kasa buɗewa."

Fatsuma ta dube ta. Ta ture tiren gefe.

"Shi ne kika zauna da abu a ciki wata da watanni kamar ba ki da kowa? Wuce mu je."

Fatsuma ce ta buɗe akwatin. Warin kafur ya tashi, da ɗan ƙamshin man da Nuhu ke shafawa. Suka zauna a tabarma, Fatsuma na fitarwa tana ninkewa, Jummai na faɗin wanda za a ba. Rigunan aiki na ƙaninsa, kwat ɗin coci na kawu. Can ƙasa suka tarar da kaftanin da Malam Abdulsalami ya ɗinka masa da wata Sallah, wanda ya yi masa yawa amma ya ƙi a rage. Fatsuma ta riƙe shi, sai ga hawaye. Nan suka yi kukan da hidimar baƙi ta hana su yi tare.

Da aka gama, Jummai ta ji abin nan ya taso mata tun daga ciki har maƙogwaro. Ta buɗe baki. Fatsuma ta ɗaga mata yatsa.

"Kika ce kin gode, wallahi tashi zan yi."

Jummai ta haɗiye, da ƙyar ya wuce. Ta share ido da bakin zani, ta nuna kaftanin.

"Kin ninke shi a karkace."

"Ji mini mata," in ji Fatsuma. Ta warware shi, ta miƙa mata hannun riga ɗaya, suka sake ninkewa tare.