Shekara Bakwai Bayan Yaya Ishaya, Mai Sharhi Kan Naira

Shekara bakwai ke nan da muka binne wana, Dakta Ishaya, a Rikoto, nan Zuru. Masu karanta jarida sun san shi da sharhi kan darajar naira da tarihin cinikin ƙasa da ƙasa. Mu kuwa a gida Yaya kawai muke ce masa, ɗan tsohon soja da ya yi karatun tattalin arziki har ya koyar a jami'a.

Ni ƙanensa ne. Masaƙar da na yi wa aiki a Kaduna ta rufe bayan rasuwarsa, na dawo Zuru ina kabu-kabu da babur. Kullum na ratsa kasuwa na ga atamfar waje jibge, ga shinkafar da aka shigo da ita ta kan iyaka, sai ya faɗo mini a rai.

Akwai abin da masu yabonsa ba sa son faɗa. Lokacin da gwamnati ta karya darajar naira, Yaya yana cikin waɗanda suka goyi baya. Ya rubuta cewa idan kuɗinmu ya yi araha, 'yan kasuwar waje za su yi rububin audugarmu da riɗinmu, manomin ƙauye irin su Manga ya samu. Da zuciya ɗaya ya yarda da haka.

Bayan 'yan shekaru ya zo hutun Kirsimeti. Fanshon Babanmu ya daina kai shi ƙarshen wata, taki kuma ya gagari kowa. Muna zaune a tsakar gida Baba ya dube shi.

"Ishaya, an ce har da kai aka ce a karya kuɗin nan?"

"Har da ni, Baba."

"To, masu sayen riɗin da ka ce za su zo, ta wace hanya suka bi? Mu dai ba mu gan su ba."

Ranar Yaya ko abinci kasa ci ya yi.

Daga nan rubutunsa ya sauya. Ya koma bin tarihin fatake, masu kai kanwa da shanu kudu su dawo da goro. Ya daɗe a kan labarin wuri, kuɗin mutanen dā, yadda jiragen Turawa suka yi ta jibgo shi har jaki ya kasa ɗaukar kuɗin da zai sayi jakin. A ƙarshe ya fito a jarida ya ce ya yi kuskure: ba a rage wa kuɗi daraja a ƙasar da takinta da maganinta da injinanta duk daga waje suke. Abokansa na birni suka ja baya, aka daina kiransa taro. Hawan jini ya kama shi, bai sake samun lafiya sosai ba.

Yau an fito da takardar naira dubu, an haɗe bankuna, ana ta cewa tattalin arziki ya farfaɗo. A layinmu na kabu-kabu kuwa mu huɗu ne tsofaffin ma'aikatan masaƙa. Da yana raye, me zai ce? Ina tsoron zai sake ɗora wa kansa laifi, alhali waɗanda suka sa hannu a takardar karya nairar ba su taɓa rasa barci ba.

Kwanan baya 'yarsa Rifkatu, wadda yanzu take koyarwa a kwaleji, ta zo da shawarar tattara rubuce-rubucensa a littafi.

"Baba ƙarami, in cire na farkon nan? Ba na son a zage shi."

Na ce ta bar su, ta sa su a gaba ma. Ban sani ba ko masu riƙe da kuɗin ƙasar nan za su buɗe littafin, ban kuma sa rai ba. Amma duk wanda ya karanta, ya kamata ya ga mutumin da tambayar mahaifinsa ta hana shi sakat, ya fito gaban jama'a ya janye maganarsa, ya kuma ɗauki abin da ya biyo baya. Wannan ne gadonmu. Allah ya ba shi hutawa.