Goɗiyar da na ɓoye a bayan rumbu

Shekarun baya na tafka wata wauta da har yau in na tuna nake dariya ni kaɗai. Ina da goɗiya 'yar kuru, irin gajerun dawakin kakanninmu masu jure yunwa da doguwar tafiya. Uwarta na gada wurin mahaifina. Na yi ta bincike a ƙasar Safana ban samu namiji irinta ba, kowa ya koma manyan dawakin waje. Tsufa na kama ta, ni kuwa na ƙi a haɗa ta da wani iri, don in aka yi haka jinin ya ɓace ke nan.

Sai ɗan ƙanwata ya zo ya ce wasu masu kyamara za su zo su yi fim a kan irin dawakin da ke ƙarewa. Ni dai fim ɗin kawai kunnena ya kama. Washegari sai Batsari, na aro ingarman abokina, wani zankaɗeɗe da sai na taka turmi nake hawansa. Na haɗa da babbar rigarsa, wanzami ya gyara mini gemu. Goɗiyar kuwa na ɗaure ta a bayan rumbu kada ta ba ni kunya.

Da suka iso muka gama gaisawa, babbansu ya dubi ingarman, ya dube ni.

"Baba, irin wannan ai ko'ina akwai. Ina gajeruwar?"

Na ce ta tafi unguwa. Ban rufe baki ba ta saki haniniya. Matata na daka a tsakar gida, ta ce, "Ga ta nan ta dawo, Malam."

Wuni suka yi suna ɗaukar ta, har kofato da haƙora. Ni kuma duk inda kyamara ta juya sai in gifta da rigar aro. Da fim ya fito a waya na tara maƙwabta. Abin da aka gani nawa shi ne hannu riƙe da ƙwaryar dusa, sai muryata ina zagin akuya.

Ana nan, rannan wani dattijon Bafulatani daga ƙauyen Babban Duhu ya yi sallama, yana jaye da ɗan gajeren doki. A wayar ɗansa ya ga goɗiyata. Ya ce, "Wallahi na zaci nawa ne na ƙarshe." Muka tsaya muna kallon su biyu, har na ji ƙwalla. Shekara na zagayowa ta haifi mace. Yanzu jikokinta na turke a gidana da nasa.

Tun lokacin na daina raina abin da ke cikin gidana, amma na yi ta ƙorafin an cire ni daga fim. Ranar suna a gidan wani maƙwabci na sake tayar da zancen, matata ta leƙo daga ɗaki ta ce, "To Malam, da kai aka nuna, wa zai taso daga Babban Duhu neman irinka?"