Gwaggo Nuna-Mini da Kujeru Ɗari Biyu

A danginmu idan aka sa ranar biki, kafin a nemi tela ko mai girki, Gwaggo ake fara nema. Yayar babanmu ce uwa ɗaya uba ɗaya, gajeruwar mace mai ɗan ɗingishi saboda gwiwar hagu da ta daɗe tana ba ta wahala. Ba ta da shago, ba ta da ofis, ba kuma wanda ke biyanta. Abin da ta iya shi ne zama da masu aikin biki, musamman ranar da suka waiwayo suka ce kuɗin da aka yi da su bai isa ba, sai an ƙara.

A bayan idonta Gwaggo Nuna-Mini muke ce mata. Duk wanda ya zo mata da zancen ƙari, ba ta yi masa faɗa, ba ta kiransa macuci. Gyara mayafinta kawai take yi ta ce, "To, nuna mini." Wata mai girki ta taɓa cewa mai da albasa sun yi tashin gwauron zabi, Gwaggo ta tasa ta a gaba har kasuwa. Suka tarar mai ya tashi da gaske, albasa kuwa ta faɗi warwas. Ta biya na mai, ta zare na albasa, suka dawo mota ɗaya suna hirar jikoki. Wani mai hoto kuma ya ce an riƙe shi awa biyu fiye da yadda aka yi da shi. Ta sa ya buɗe na'urarsa ya nuna mata lokacin da ya ɗauki hoton ƙarshe. Bawan Allah ya duba, ya sosa ƙeya, ya yi dariya, ya ce ta yafe shi.

Kada a ɗauka rowa ce. Shekara ashirin da biyu ta yi a kan keken ɗinki, kuma taka keken ne ya cinye mata gwiwa. Ta san yadda dangin amarya ke dawo da riga sau uku a rage nan a ƙara can, su ƙare da "Allah ya saka da alheri" su kama gabansu. Shi ya sa idan ta ga mai aiki ne da gaskiya, mu take juyowa ta sa mu biya, ko da za mu yi wata muna kumbura mata fuska. Matar kawunmu har yau ba ta huce ba a kan wata mai ado da Gwaggo ta goya wa baya.

Babanmu akawu ne, ya ajiye aiki da daɗewa. Mu huɗu ya haifa, duk mata, ni ce babba, kuma tun muna ƙanana yake faɗa cewa zai aurar da mu ba tare da ya miƙa wa kowa hannu ba. A kan ukunmu ya cika alkawari. Da aka zo kan Auta, ƙarfi ya riga ya ƙare, amma mutumin nan ko rancen gishiri bai iya ba. A gabana ya miƙa wa Gwaggo ambulan ya ce, "Yaya, iyakar abin da ke hannuna ke nan." Ta karɓa ta sa a jaka, ta ce masa ya kwantar da hankalinsa, ko sisi ba za a ƙara ba. Mu ma ya gargaɗe mu, ya ce duk wadda ta cusa nata kuɗin a ɓoye ba da yawunsa ba.

Komai ya tafi lami lafiya har safiyar bikin. Da hantsi ni da Gwaggo muka isa ɗakin taron da aka kama, muka tarar ruwa ya malale shi har idon sawu, wai bututu ne ya fashe. Manajan wurin, wani mai fararen kaya da suka sha guga, ya ba mu haƙuri ya ce ya mayar da mu ɗakin da ke hawa na biyu, wai ma ya fi wancan iska. Ba mu gama jin daɗin iskar ba sai ga motar mai kujeru ta tsaya a bakin ƙofa, kujeru ɗari biyu na ƙarfe da tebura goma.

Mai kujerun dattijo ne mai furfura a gemu, shi da ma'aikata biyu, su ma ba yara ba. Ya leƙa matakalar, wata siririya mai lanƙwasa biyu, ya dawo ya ce shi ƙasa aka yi da shi. In sama ce sai an ƙara, in ba haka ba zai sauke kaya a nan ya wuce, wasu na jiransa. Ni kam zuciya ta ɗebe ni. Na fara zazzaga masa cewa ya ga mun shiga matsi ne yake so ya yanke mu, baƙi kuma ƙarfe huɗu za su fara zuwa. Gwaggo ta taɓa hannuna, ta matso gaba.

"To, Malam, nuna mini," in ji ta.

Dattijon ya juya. Ya zaro kujera ɗaya daga mota ya ajiye a gabanta.

Na ce ta bari ni in ɗauka, ta ce ai ba ni na tambaya ba. Ta ɗaura mayafi a ƙugu, ta rungumi kujerar, ta fara hawa. Ina biye da ita ina jin yadda gwiwar ke ƙara. A lanƙwasa ta farko ta tsaya ta huta, a ta biyu ta ajiye kujerar ta zauna a kai tana haki. Taki arba'in da biyu ne, ni na ƙirga don takaici. Da ta kai sama ta sauko da kyar, tana dafa bango, ta ce wa dattijon gaskiyarsa ce, ƙarin da ya nema ma ya yi sauƙi.

Na rasa inda za a samo ƙarin. Ambulan ɗin Baba ya riga ya zama fanko, kuma na san ta gwammace ta haɗiye harshenta da ta koma masa.

Sai ta sa aka kira manaja. Cikin ruwan sanyi ta tambaye shi wa ya canja ɗaki, mu ko shi. Ya fara kame-kame, wai mai wurin ya yi tafiya, wai shi ba shi da ikon taɓa kuɗi, hawa biyu kuma ai ba wani abu ba ne. Ta nuna masa tebur ɗaya ta ce to ya nuna mata. Ya dubi teburin, ya dubi fararen kayansa, ya ce kuɗin hawa da tebura goman a wuyansa. Amma kujeru, ya rantse ba zai iya ba.

Gwaggo ta koma wurin dattijon ta tambaye shi, idan kujera ta hau ba da hannun mutanensa ba, akwai ƙari a kanta? Ya ce babu. In an tashi kuma ta sauko haka? Ya ce nan ma babu. Ta juyo ta ce in buga waya gida, duk mai hannu biyu ta zo yanzu.

Wallahi ban taɓa ganin abu irin wannan ba. Ƙannena biyu, 'ya'yan kawu, ƙawayen amarya, har da matar kawun nan da ba ta huce ba, wasu da kwalliya rabi a fuska. Gwaggo ta jera mu a matakala, kowace da tazarar taki uku, kujera na tafiya hannu zuwa hannu. Ana yi ana tsiya. Wata ta ce da ta san dako aka gayyace ta da ta zo da gammo. Dattijon ya tsaya kallo, can ya kasa daurewa ya hau mota yana miƙo mana da kansa. Kafin ƙarfe biyu an gama, sai kujera ɗaya da ya ajiye wa Gwaggo a gindin matakala, don gwiwar ta kumbura ta yi suntum, ko tsayuwa ba ta iya yi.

A nan ta zauna baƙi suka yi ta wucewa suna gaishe ta. Duk wanda ya ce ta taso su hau, sai ta ce tana jiran wani ne. Auta ta iso cikin kayan amarci, ta durƙusa a gabanta, Gwaggo ta gyara mata ɗankwali ta ce ta yi maza ana jiranta. Daga sama muna jin kiɗa da guɗa. Bikin da ta yi wata uku tana haɗawa, ga shi tana jinsa ta saman kanta. Abin ya sosa mini rai ƙwarai, na ƙi hawa na zauna a kan taki kusa da ita.

Can sai ga Baba ya sauko yana nemanta. Ya ji labarin canjin ɗaki, fuskarsa duk ta sauya. Ya tsaya a gabanta ya yi ƙasa da murya.

"Yaya, nawa aka ƙara?"

"Ko sisi."

Ya yi ajiyar zuciya. Sai ya lura da yadda ta miƙe ƙafar tana rufe ta da zane. Ya tambaya, ta ce ba komai, gajiya ce.

"Nuna mini," in ji Baba.

Ta yi masa kallon yayar da ƙane ya raina, amma ta ɗan janye zanen. Ya daɗe yana kallon gwiwar. Ni ban taɓa ganin hawaye a idon babanmu ba sai ran nan. Ya cire babbar rigarsa ya miƙo mini, ya sunkuya ya kama ƙafar kujerar ta dama. Dattijon mai kujeru, da ya dawo daga kai kayan wasu yana zaune a motarsa, ya sauko ya kama ta hagu. Gwaggo ta ce su sauke ta kada su kayar da ita a gaban surukai, ba wanda ya saurare ta.

A lanƙwasa ta farko suka tsaya shan iska. Tana riƙe da kafaɗar Baba, ta dubi dattijon ta ce, "Malam, wannan fa da hannunka ta hau."

Ya share gumi da hularsa ya ce, "Hajiya, wannan ɗayar babu ƙari." Suka sake ɗaga ta, ni ina biye da rigar Baba a hannu.